Gambo: sunan maza ne ko na mata?

Baban 'Yan Biyu, Nima

Assalamu alaikum, iyayena da 'yan'uwana. Allah ya sauki maiɗakina lafiya ranar Asabar da safe, mun samu 'ya mace, kuma ita ce ta biyo bayan Hassan da Husaini waɗanda da yawanku kuka halarci sunansu shekara uku da suka wuce. Suna yana nan ranar Asabar mai zuwa, amma tun kafin ranar ta zo gida ya rabu uku a kan abin da za a kira jaririyar. Mahaifiyata tana ɗaukarta ta ce, "Gambo ta iso," kuma tun daga lokacin ba ta kira ta da wani abu dabam ba. Yayata ta ce sam, Gambo sunan maza ne, domin duk Gambon da ta taɓa sani a unguwarmu Nima ta Akra namiji ne, kuma ba za ta yarda a ɗora wa yarinya sunan da za a riƙa yi mata dariya da shi a makaranta ba. Surukata kuwa, wadda 'yar ƙabilar Ga ce, ita tuni ta fara kiranta Tawia. Ni a raina ina son Gambo, har ina so ya shiga takardar haihuwa, domin a cikin 'ya'yan abokaina kaf babu mai irin wannan suna yanzu. Ina roƙon wanda ya san ma'anar sunan, da inda ya samo asali, da ko ya dace da 'ya mace, ya taimaka mini kafin in tsaya gaban liman.

Inna ta Mamobi

Barka da arziki, ɗana, Allah ya raya ta, ya ba uwar lafiyar shayarwa. Ka gaya wa yayarka cewa mahaifiyarku ce ke da gaskiya. Gambo ba na maza ba ne, ba na mata ba ne, na duk wanda ya biyo bayan tagwaye ne. Sunan ba ya duba abin da aka haifa, yana duba inda abin da aka haifa ya faɗo a jerin 'ya'yan ɗaki. Ka lura da yadda iyayenmu suka tsara irin waɗannan sunaye. Namijin da ya zo bayan mata biyu ko uku shi ne Tanko, macen da ta zo bayan maza ita ce Kande ko Delu, kuma dole waɗannan su rabu, tunda labarin da suke bayarwa shi ne an canja daga mata zuwa namiji ko daga maza zuwa mace. Amma Auta fa? Wanda aka rufe ɗaki da shi Auta ne, ko ɗa ne ko 'ya. Talle ma haka, maraya maraya ne. Gambo yana cikin wannan sahu. Ƙanwar mahaifina Gambo ce, ta yi shekara fiye da tamanin tana sayar da waina, kuma ban taɓa jin wani ya ɗauka namiji ake nufi ba.

Kawu na Sabon Zango

Allah ya raya. Maganar Inna haka take a kan ma'ana, amma a kan asali ni abin da na taso ina ji shi ne sunan daga Gambaga, wani gari a arewacin Gana, ya fito, wato fatake ne da suka yi zango a can suka riƙa sa wa 'ya'yansu don tunawa da garin. Sai dai ɗana, akwai abin da ba a faɗa maka ba tukuna. Tsofaffi suna cewa Gambo ya fi tagwaye hatsabibanci. Idan 'yan biyu suna iya ɗaukar kunama ba ta harbe su ba, kamar yadda ake faɗa, to Gambo ne aka ce yake iya karya abin da suka ɗaura, shi ya sa ko su suna shakkarsa. Ban ce ka gaskata ba, ni ma ban taɓa ganin yaro ya aiki kunama ba, amma suna yana tafiya da kayansa, kuma gara ka san kayan kafin ka ɗora wa yarinya.

Ɗaliba a Legon

Kawu, ina neman afuwa, amma batun Gambaga ba zai tsaya ba. Da daga can sunan ya taso, da a Gana zai fi yawa, ya yi ƙaranci a ƙasar Hausa. Abin da ake gani akasin haka ne: akwai Gambo a Kano da Katsina da Zariya da Damagaram, har Borno da Adamawa, a gidajen da babu wanda ya taɓa taka hanyar Gwanja, kuma ko'ina ma'anarsa ɗaya ce. Kamannin sauti ne kawai ya haɗa su, kamar yadda wani zai iya jingina shi ga Gambiya.

Game da tambayar yayarku kuwa, Yaya, amsar da ta fi kowace ƙarfi ita ce Hajiya Gambo Sawaba, wadda aka haifa a 1933 ta rasu a 2001. Sunanta na yanka Hajaratu, an kira ta Gambo ne saboda ta biyo bayan tagwaye. Ta shiga jam'iyyar NEPU, wadda aka kafa a Kano a 1950, tun tana matashiya, ta yi fafutukar a ba matan Arewacin Najeriya damar jefa ƙuri'a, ta yi adawa da aurar da ƙananan yara, aka ɗaure ta sau da yawa saboda haka. Yau akwai babban asibiti a Zariya da ke ɗauke da sunanta. A ɓangaren maza kuma akwai Muhammadu Gambo Jimeta, wanda ya riƙe shugabancin 'yan sandan Najeriya a zamanin Janar Babangida. Suna ɗaya, ƙasa ɗaya, zamani ɗaya, kuma ba wanda ya rikita su.

Abin da ya fi burge ni a labarin Hajiyar, wanda kuma ya shafi gidanku kai tsaye, shi ne mahaifinta mutumin Gana ne. Sunan danginsa Amarteifio, wanda duk mazaunin Akra ya san sunan Ga ne. Ya tafi Najeriya ya yi aiki a hukumar jirgin ƙasa, ya musulunta aka sa masa Isa, ya auri Banufiya. Wato da a wajen dangin ubanta aka haife ta, Tawia za a kira ta, sunan da surukarka take kiran 'yarka da shi yanzu.

Kawu na Sabon Zango

'Yata, na karɓa, karatu ya yi rana. Amma ki bar mini rabin maganata: ko da ba daga Gambaga ya fito ba, ta wannan hanya ya shigo mana. Kakanninmu fataken goro ne suka zo da shi tare da jakunansu zuwa Salaga, kuma da yaƙin 1892 ya watsa kasuwar Salaga, sai suka bazu zuwa Kete Krachi da Kumasi da nan bakin teku, kowa da sunayen gidansu. Wasu kuma soja ne ya kawo su zamanin Turawa. Shi ya sa a tsofaffin gidajen Zango za ki tarar da Gambo da Tanko da Ɗanladi, amma a sababbin gidaje sai sunayen da ni kaina ba na iya furtawa sai na sake tambaya.

Malamin makaranta, Aboabo, Kumasi

Ina taya ka murna, ƙanena. Ina so in ƙara a kan maganar Tawia, domin a nan Kumasi kullum muna tare da masu wannan suna a aji. A wajen Tonawa, wato Asante, da sauran Akan, tagwaye su ne Ata da Ataa, babba Panyin ƙarami Kakra, wanda ya biyo su Tawia, na bayansa kuma Nyankomago. Tawia ba ya bambanta mace da namiji. A rajistar ajina na taɓa samun biyu a shekara ɗaya, yaro da yarinya. 'Yan ƙabilar Ga ma sun yi tarayya da Akan a wannan suna, kuma masu karatun tarihi za su tuna Tawia Adamafio, ministan zamanin Nkrumah. Yarbawa na Legas Town da sauran unguwanni za su gaya maka nasu shi ne Idowu, bayan Taiwo da Kehinde, kuma dukan ukun ana sa wa maza da mata. Al'ummu uku da harsunansu ba su yi kama ba, kowace ta ware wa wannan yaro suna na musamman, kuma kowace ta ƙi raba sunan gida biyu. A ganina dalilin a fili yake: ba jinsinsa ake son tunawa ba, ana son a tuna cewa uwa ta ɗauki biyu ta sauke lafiya, har Allah ya sake ba ta wani.

Kada ma a ɗauka suna irin wannan ƙauyanci ne da ba ya shiga takarda. Kofi Annan, wanda aka haifa a nan Kumasi a 1938, cikakken sunansa Kofi Atta Annan, domin ɗan tagwaye ne, kuma 'yar'uwar haihuwarsa ita ma tana da Atta a sunanta. Kofi na nufin haihuwar Juma'a, daidai da Ɗanjuma a wajenmu. Nkrumah kansa sunan ɗa na tara ne. Da waɗannan sunaye suka zagaya duniya.

Na fahimci inda kunnen yayarka ya samu matsala. A Hausa yawancin kalmomin mata da wasalin "a" suke ƙarewa, don haka kalma mai ƙarewa da "o" sai ta yi kama da ta namiji. Amma sunayen mutane ba sa bin wannan doka. Indo da Mairo mata ne, Garba da Bala da Musa maza ne. Kuma mu mutanen Zango, da a hirarmu ta yau da kullum muke ce wa mace "ya zo, ya tafi" har baƙi daga Kano su yi ta kallonmu, bai kamata mu ne za mu tsananta a kan wasalin ƙarshe ba.

Ƙaninku na Madina

Barka, Yaya. Ni dai, da girmamawa ga iyayena da suka yi magana, ina ganin a bar wannan suna. Kawu da bakinsa ya faɗi abin da ke tattare da shi na kunama da tsoron tagwaye, kuma wannan camfi ne da ya saura daga zamanin maguzanci. Muna zaune a Akra, garin da duk shekara, ranar Juma'ar da ke gaban Homowo, bikin 'yan ƙabilar Ga, ake fito da tagwaye cikin fararen kaya ana yi musu hidima ta al'ada a Jamestown. Wannan addininsu ne da al'adarsu, amma mu bai kamata mu riƙe abin da ya yi kama da shi ba. Bayan haka, haƙƙin ɗa ne a kan ubansa ya zaɓa masa suna mai kyau, mai ma'ana, kuma an hana mace ta yi kama da namiji. Sunayen matan Annabi da 'ya'yansa da sahabbai mata ba su ƙare ba, me zai kai mu ga sunan da sai an yi dogon bayani kafin a gane mace ce?

Malam na Fadama

Allah ya albarkaci abin da aka samu. Ɗana na Madina, niyyarka mai kyau ce, amma ka haɗa abubuwa uku da ya kamata a warware su ɗaya bayan ɗaya.

Sunayen da Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya canja, ya canja su ne saboda abin da lafazinsu yake faɗa. Ya mayar da Asiya mai ma'anar mai saɓo zuwa Jamila, ya mayar da Barra zuwa Zainab domin kada mutum ya tsarkake kansa. To me Gambo yake faɗa? Yana faɗin cewa an haifi wannan bayan tagwaye, kuma wannan gaskiya ce da ta auku, babu saɓo a cikinta, babu yabon kai. Idan sunan da ke nuna matsayin haihuwa laifi ne, sai mu fara da Sani da Salisu da Rabi'u da Hamisu har zuwa Ashiru, waɗanda ba komai ba ne illa ƙidayar Larabci, na biyu, na uku, na huɗu, na biyar, zuwa na goma. Camfin da aka rataya wa sunan shi ne abin yaƙi, kuma ana yaƙarsa da karantarwa. Tagwayen kansu an rataya musu camfin da ya fi wannan, amma ba wanda ya ce a daina sa Hassan da Husaini. Wannan ma al'adarmu ce ta mayar da su sunan tagwaye, domin jikokin Annabi ba tagwaye ba ne: an haifi Hassan a shekara ta 3 bayan hijira, Husaini a ta 4.

Batun kamanceceniya kuma, hanin yana kan shiga da ɗabi'a, kuma suna yana bin abin da mutanen wuri suka saba. Hindu sunan Ummu Salama ne matar Annabi, kuma shi ne sunan Hindu ɗan Abu Hala, ɗan Nana Khadija, namiji. A cikin masu ruwayar hadisi akwai Juwairiyya ɗan Asma'u, shi namiji, ubansa namiji. Nura a wajenmu sunan maza ne, a ƙasashen Larabawa kuwa mata ne suka fi amsa shi.

Inda nake tare da kai shi ne a al'ada Gambo ba sunan yanka ba ne. Iyayenmu sukan raɗa wa yaro sunan Musulunci, a yanka rago a kansa ranar bakwai, sannan Gambo ya zauna a matsayin laƙabi. Ita Hajiyar Zariya da aka ambata ai Hajaratu ce. Saboda haka abin da zan ce wa maijego da mijinta shi ne su zaɓi sunan yanka, Gambo kuwa ba ya bukatar liman, ya riga ya zo da kansa.

Gambon Asawase

Tunda ana maganar sunana ne, bari in sa baki, ni da na ɗauke shi shekara arba'in da ɗoriya. Sunana na yanka dabam ne, amma in ka kira ni da shi a kasuwa ba zan waiwaya ba. Dariyar da yayarka take tsoro ta faru, ba zan ɓoye ba. Shekarar da na shiga makarantar kwana, sunana ya fito a jerin ɗakin maza, sai da mahaifina ya je da ni aka gan ni ido da ido kafin a gyara, kuma har yau nakan samu wasiƙa daga wurin aiki an rubuta mini laƙabin namiji. Abin ya ƙona mini rai ina yarinya, yanzu kuwa dariya yake ba ni, kuma na lura duk inda na faɗi sunan a gaban Bahaushe dattijo, tambayar farko ita ce, "Ina 'yan biyun?" Daga nan hira ta buɗe, ya san ni 'yar gida ce tun bai san ubana ba.

Wahalar da ta fi wannan ba ta jinsi ba ce, ta takardu ce, kuma a nan nake so ka saurare ni da kyau, ƙanena. Takardar haihuwata ta ɗauki sunan yanka kaɗai. Malamin da ya rubuta ni a firamare ya ji ana kirana Gambo, sai ya rubuta Gambo, haka ya bi ni har takardun jarrabawa. Ranar da na je yin katin ɗan ƙasa sai aka ga mutum biyu a jikin mace ɗaya. Sai da na yi rantsuwa a rubuce, na biya kuɗi aka buga gyaran a jaridar gwamnati, na yi ta kai da komo wata da watanni. Don haka kada ka ce laƙabi ne, a bar shi a gida. Laƙabin da kaka ta sa ba ya zama a gida. Ko dai ku rubuta shi tun yau a matsayin suna na tsakiya, da harafi iri ɗaya a ko'ina, ko kuwa ku tsaya a kan kowace takarda kada ya shiga.

Malamin makaranta, Aboabo, Kumasi

Yaya Gambo ta faɗi abin da nake gani duk shekara lokacin rajistar jarrabawa. In ƙara da cewa rajistar haihuwa kyauta ce idan an yi ta kafin yaro ya cika wata 12, kuma babu abin da zai hana a rubuta Gambo. Wasu za su tuna hayaniyar da aka yi a farkon 2018, lokacin da hukumar rajistar haihuwa da mutuwa ta ƙi karɓar irin su Nana da Nii da Naa da Maame bisa hujjar cewa laƙabin sarauta ne ko na girmamawa. Maganar ta kai majalisar dokoki, aka janye matakin. Gambo ko a wancan lokaci ba ya cikin wannan rukuni, tunda ba sarauta ba ne. Ka dai karanta abin da ma'aikaci ya rubuta kafin ka bar wurin, domin wanda ba Bahaushe ba yana iya mayar da shi Gumbo ko Gambu.

Inna ta Mamobi

Akwai dalilin da ya sa laƙabi yake cinye sunan yanka a gidajenmu, kuma shi ne alkunya. Idan ka sa wa yarinyar sunan mahaifiyarka, kai ba za ka iya kiransa ba, matarka ba za ta iya ba, yayarka ma da take ta faɗa ba za ta iya ba. Dole a nemi abin da za a kira ta da shi, kuma ga shi Allah ya kawo shi a shirye. Ka tambayi yayar taka, in ba Gambo ba, me za ta kira takwarar uwarta?

Baban 'Yan Biyu, Nima

Na gode ƙwarai, iyayena da 'yan'uwana, Allah ya bar zumunci. Inna, kamar kin shiga zuciyata, domin sunan mahaifiyata na yi niyyar raɗa mata tun farko. Na karanta wa yayata abin da kuka rubuta daren jiya. Labarin Hajiyar Zariya bai motsa ta sosai ba, ta ce wannan zamanin da ne, amma da na kai tambayar Inna sai ta yi shiru, daga baya ta ce ita Ummi za ta riƙa kiranta, sauran kuma kowa ya yi abin da ya ga dama. Mun tsaya a kan sunan yanka, sai Gambo a tsakiya, sai sunana, kuma zan je rajista da kaina a makon da ke biye da suna. Surukata ta ce ba ta da ja, tunda Gambo da Tawia abu ɗaya suke faɗa, amma a ɗakinta Tawia ce. Za a yi raɗin suna bayan sallar asuba ranar Asabar, akwai koko da ƙosai ga wanda ya samu zuwa.

Kawu na Sabon Zango

Zan zo, in Allah ya yarda, da ƙwaryar goro. A ajiye mini wuri kusa da Malam na Fadama, domin ban gama da shi a kan maganar kunamar nan ba.